Gidajen Attajirai a Matsayin Shaidar Tarihi: Tattaki Daga Abakwa Zuwa Sarari

A wasu ƙasashen Turai da Amurka akwai wata al'ada wadda mu ba mu saba da ita ba. Mutane kan taru su biya kuɗi, ɗan jagora ya shige gaba, su bi shi a ƙasa daga wannan gida zuwa wancan, yana ba su labarin attajiran da suka gina gidajen a zamanin bunƙasar masana'antu. Garin da ya fi shahara da wannan shi ne Newport, a jihar Rhode Island ta Amurka. A nan ne Cornelius Vanderbilt na Biyu, wanda gidansu suka yi arziki da harkar jirgin ƙasa, ya gina gidan da ake kira The Breakers tsakanin 1893 da 1895, mai ɗaki 70, don shan iska kawai lokacin zafi. An fara buɗe shi ga masu kallo a 1948, kuma a 1972 wata ƙungiyar adana kayan tarihi ta garin ta saye shi daga hannun magada. A Ingila ma haka abin yake, inda hukumar amana ta ƙasa, wadda aka kafa a 1895, take riƙe da ɗaruruwan gidaje irin waɗannan.

Manufar wannan maƙala ita ce a duba ko ƙasar Hausa tana da makamancin waɗannan gidaje, in kuwa tana da su, me ya sa ba a san su ba, me kuma ya sa suke ɓacewa ba tare da kowa ya ce uffan ba. Tambayar ba ni na ƙirƙiro ta ba. Wani ɗalibi ne ya jefo mini ita a bakin titi a Kaduna.

Abakwa da gidajen kujera

Na taɓa fita da wasu ɗalibaina zagayen ƙafa a arewacin Kaduna, muka faro daga Abakwa. A rubuce Abakpa ne, amma da yake bakin Bahaushe bai san harɗa “k” da “p” wuri guda ba, sai ya mayar da ita Abakwa. Sunan ba na Kaduna kaɗai ba ne. Akwai Abakpa a Inugu daura da barikin soja. Tsohon garin Bamenda na Kamaru, inda fataken Hausawa suka fara sauka, Abakwa ake ce masa. A Wukari kuwa akwai Abakwariga, wato jikokin Hausawan da suka daɗe da zama cikin Jukunawa. A ganina suna ne mai bin baƙo da ɗan kasuwa da bariki. Ta Kaduna ma maƙwabciyar tsohon mazaunin makarantar horon hafsoshin soja ce, wadda aka buɗe a 1964.

Daga Abakwa muka fito titin Ali Akilu, muka tsaya a gidan adana kayan tarihi wanda aka buɗe a 1975 cikin tsohon ofishin jam'iyyar NPC. Muka wuce masallacin Sarkin Musulmi Bello a Unguwar Sarki, muka shiga titin Rabah zuwa Gidan Arewa, inda Sardauna Ahmadu Bello ya zauna yana Firimiya, kuma inda aka kashe shi ranar 15 ga Janairu, 1966. Tun 1970 gidan ya zama cibiyar nazarin tarihi, Farfesa Abdullahi Smith ne shugabanta na farko. Da la'asar muka dangana da zauren majalisa na Lugga. A nan ne ɗalibin ya ce, “Malam, mun ga gidan Firimiya, mun ga na majalisa. To ina gidajen masu kuɗin?”

Amsar tana cikin asalin garin. Kaduna ba fatauci ne ya kafa ta ba, umurni ne. Gwamna Lugga ya zaɓi wurin a 1913 saboda ruwa da layin dogo, aka taso da hedkwatar Arewa daga Zungeru a 1917. Manyan gidajen da aka gina a unguwar Turawa, da waɗanda aka gina wa ministoci a shekarun 1950, duk gidajen kujera ne: wanda ya hau ya shiga, wanda ya sauka ya kwashe kayansa. Ba su da zuriya. Talakawan da suka zo yi wa bariki da ofisoshi hidima kuwa, masu dafa abinci da masu wanki da mahauta da 'yan koli, su ne suka cika unguwanni irin su Abakwa da Unguwar Shanu da Unguwar Kanawa da gidajen haya.

Wani zai ce ai Kaduna ta yi zamanin masana'antu, har aka riƙa kwatanta ta da birnin Mancesta. Gaskiya ne. Masaƙar Kaduna ta fara aiki a Kakuri a 1957, sannan wasu suka biyo baya a shekarun 1960, aka ƙara da kamfanin harhaɗa motocin Peugeot a 1975 da matatar mai a 1980. Sai dai a duba masu jarin. Masaƙar farko haɗin gwiwa ce tsakanin gwamnatin Jihar Arewa da kamfanin David Whitehead na Ingila. Masaƙar Arewa jarin Japanawa ne a ciki, babbar masaƙar UNTL kuma na attajiran Hong Kong. Ribar da aka samu ko dai ta shiga baitulmali, ko ta haye teku. Abin da ta bari a Kaduna shi ne unguwannin ma'aikata na kudancin kogi, da kangon masaƙu bayan an rufe ta farkon a 2002, sauran suka bi sahu. Wanda ke neman gidan da arzikin iyali guda ya gina a farkon ƙarni na ashirin, sai ya bi dogon nan da ya ratsa Kaduna ya yi arewa.

Dogo da gyaɗa

Dogo ya isa Kano a 1911, aka buɗe shi ga ciniki a 1912. Turawa auduga suka sa rai zai kwaso wa masaƙun Lankasha. Manoman Kano suka yi nasu lissafin, suka ga gyaɗa ta fi riba, ga shi ana cinta in kasuwa ta faɗi, ba kamar auduga ba. A daidai lokacin kuma masana'antun Turai suna neman man gyaɗa ruwa a jallo don yin sabulu da man shafa wa burodi. Jan Hogendorn ya bi diddigin wannan al'amari a littafinsa na 1978, ya nuna cewa waɗanda suka haɗa manomi da kamfani su ne fataken goro, domin su ke da jari, da yara a ƙauyuka, da amanar jama'a. Cikin na farko akwai Umaru Sharubutu na Koki da Maikano Agogo, sai kuma Adamu Jakada wanda ya tsaya tsakanin Turawa da fadar Sarki Abbas.

Waɗannan mutane ba sababbin shiga ba ne. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari, kamar yadda Paul Lovejoy ya bayyana a 1980, sun shafe fiye da ƙarni suna kai ayari Gwanja. Tun a 1851 Heinrich Barth ya ƙiyasta cewa Kano tana fitar da tufafi na wuri miliyan 300 a shekara, ya kuma ga benayen ƙasa na Larabawa a wajen Dala. Sunan Kundila, attajirin ƙarni na sha tara, har yau shi ne ma'aunin arziki a bakin Kanawa, ga kuma rukunin gidajen zamani da aka sa wa sunansa. Wato an riƙe sunan, amma ɗalibi ba ya da inda za a kai shi a ce ga irin zaman da mai sunan ya yi.

Wanda ya shafe su duka shi ne Alhassan Ɗantata. An haife shi a Bebeji a 1877, Ba'agale ne ɗan Madugu Abdullahi. Laƙabinsa ya samo asali daga Tata, wata baiwa dattijuwa da ta rene shi bayan rasuwar mahaifinsa. Ya yi fataucin goro har Ankara ta ƙasar Gana, yana cikin waɗanda suka fara ɗora goro a jirgin ruwa zuwa Ikko maimakon bin hanyar ayari. Da ya koma Kano ya gina gidansa a Sarari, jikin Koki, lokacin wurin fili ne kamar yadda sunan ya nuna. A 1918 kamfanin Neja ya nemi ya riƙa saya masa gyaɗa. A 1929, an ruwaito ya kai ajiyar azurfa kayan raƙumi 20 a reshen bankin Turawa na Kano. Ya rasu ranar 17 ga Agusta, 1955, ana lissafa shi a matsayin wanda ya fi kowa arziki a Afirka ta Yamma. 'Ya'yansa, musamman Sanusi da Aminu, suka ɗora a kai, suka shiga sufuri da gine-gine da masana'antu. Aminu ya rasu a 2025. Aliko Ɗangote jikan Sanusi ne ta wajen uwa. In dai akwai gidan da za a kwatanta da na su Vanderbilt a ƙasar nan, to wannan ne.

Amma wanda ya shiga Koki da Sarari yana neman fada mai ɗaki 70 a tsakiyar lambu zai fito da mamaki. Ba haka attajirin Hausa yake gini ba.

Siffar gidan attajiri

Gidan attajirin Kano na wancan zamani ma'aikata ce kafin ya zama wurin kwana. Zaure shi ne ofis. A nan maigida ke zama a kan buzu ko kilishi, akawu na gefe da littafi, dillalai da yaran gida suna shiga suna fita, almajirai na jiran sadaka a dakali. A jikin zaure ko daura da shi akwai sito na goro da fata da gyaɗa, da masaukin baƙi, domin babban attajiri fatoma ne, yana saukar da fatake, ya ajiye musu kaya, ya tsaya musu a ciniki. Daga nan sai ƙofar gida inda samari da barori ke kwana, sai shigifa, wadda baƙo namiji ba ya ƙetare ta, sai cikin gida, da turakar maigida, sau da yawa a bene.

Arziki yana bayyana ne a rufi. Azara, wato tsagin giginya, ba ta ɗaukar nauyin ƙasa in faɗin ya wuce kamar ƙafa 6. Talaka sai ya haƙura da ƙaramin ɗaki. Mai hali kuwa sai ya kira gwanin magini ya ɗaura masa bakan gizo, ya haɗa su a tsakiya da ɗaurin guga, ya tayar da tulluwa, a liƙa tasa ko kwanon sha mai walƙiya a ƙolinta. Yawan bakan da ke zauren mutum shi ke faɗin matsayinsa. A waje kuma ga zankwaye a kusurwa, ga indararo, ga bango da aka shafe da makuba, rufi da laso don kada ruwa ya ratsa. Duk waɗannan kalmomi ne da ɗalibanmu na digiri na biyu suke haddacewa daga ƙamus, da yawansu ba su taɓa ɗaga kai sun ga ɗaurin guga ba. Wannan ita ce asarar da ta fi damuna a matsayina na malamin harshe: in ginin ya faɗi, kalmar kan rayu shekara talatin a takarda, sannan ta bi shi.

Da kuɗin gyaɗa da auduga suka yawaita, sai ado ya fito waje. A Zariya 'yan kasuwa suka riƙa sa a zana musu fuskar gida gaba ɗaya, ba dagi da takobi kaɗai ba, har da keke da agogo da mota. A. H. M. Kirk-Greene ya rubuta ɗan littafi a kan waɗannan gidaje a 1963, Friedrich Schwerdtfeger kuma ya shafe shekaru yana bin su. Keken da ke jikin bango takardar shaida ce: yana gaya maka abin da mutumin wancan lokaci yake ɗauka ci gaba ne.

Me ya cinye su?

Amsar da ake saurin bayarwa ita ce ƙasa ba ta da ƙarko. Akwai gaskiya a ciki. Ginin tubali yana son yaɓe duk shekara, in aka yi sakaci damina biyu sai ya fara zaizayewa, kuma ruwan Agusta na 1988, wanda ya fasa madatsar Bagauda, ya rusa dubban gidaje a Kano. To amma Gidan Makama, wanda ake danganta asalinsa da ƙarni na sha biyar, yana nan tsaye, haka Gidan Ɗan Hausa, inda Hanns Vischer ya zauna lokacin da ya buɗe makarantar Nasarawa a 1909. Da ƙasa aka gina su. Abin da suka samu shi ne mai yaɓe. Gidajen attajirai kuwa akasari ba ruwa ne ya rushe su ba, arziki ne: siminti da kwano suka zama alamar wayewa, ɗa mai albarka shi ne wanda ya rushe soron ubansa ya tayar da bene na bulo. Manyan iyalan kuma suka yi ƙaura zuwa Nasarawa da Bompai, tsohon gida ya zama na zumunci da zaman makoki.

Dalilin da ya fi wannan zurfi shi ne gado. Manyan gidajen Ingila sun daɗe ne domin al'adarsu ta ba babban ɗa gida da gona gaba ɗaya. Da harajin gado ya yi musu nauyi sai suka miƙa wa hukumar amana. A shari'ar Musulunci kuwa kowane magaji yana da rabonsa, mace da namiji. Attajiri mai mata huɗu da 'ya'ya ashirin in ya rasu, ko dai a ja katanga a tsaga gidan, ko a yi masa kuɗi a sayar. A tsara ta uku gida guda ya zama goma, kowanne da ƙofarsa. Ba ina kukan wannan hukunci ba ne, domin shi ya hana dukiya daskarewa a hannu ɗaya, kuma marainiyar da ta sami rabonta ta fi bango muhimmanci. Abin lura shi ne shari'ar da ta raba ita ce kuma ta tanadi waƙafi, wanda da shi aka adana gidajen attajirai a Alƙahira. Attajiranmu sun yi waƙafin masallaci da makaranta da rijiya, ba su ga gidan kansu a matsayin abin da na baya za su so gani ba.

Wannan kuwa yana da nasaba da matsayin attajiri. A tsarin sarauta, komai yawan dukiyarsa talaka ne, kuma mai hankali ba ya gina abin da zai yi gogayya da fada. Dukiya a wurinsa mutane ce: yawan yaran da ya ba jari, da malaman da yake ɗauke da su, da waɗanda ya kai Makka. Mu ma masana mun bi wannan ra'ayi ba mu sani ba. Tarihin da muka gada jerin sarakuna ne, kuma in aka dubi gine-ginen Arewa da hukuma ta ayyana a ƙarƙashin dokar 1953 da ta 1979, abin da ido zai fara gani shi ne ganuwar Zariya, da hasumiyar Gobarau, da tsohon masallacin Bebeji, da gidan Madaki na Kafin Madaki, har da gadar ƙafa ta Lugga da aka ciro daga Zungeru aka kafa a Kaduna. Bebeji ta shiga jerin da masallacinta, ba da fatakenta ba. Ko ayyanawar ma ba kariya ba ce: gidan Ilojo na Ikko, wanda aka ayyana tun 1956, an wayi gari an rushe shi a watan Satumba na 2016.

Sai kuma batun shiga. Gidan Bahaushe an gina shi ne don ya ɓoye abin da ke ciki. Baƙo ya biya kuɗi ya leƙa turakar kakan mutane, alhali jikokinsa mata suna tsakar gida, wannan abu ne da ba zai yiwu ba, bai kuma kamata ba. Saboda haka kwaikwayon Newport kai tsaye ɓata lokaci ne. Sai dai tsarin gidan da kansa ya ba da mafita, domin zaure tun asali na jama'a ne. Abin da mai nazari ke bukata, wato rufi da sito da masauki da fuskar gida, duk suna wajen shigifa. A Agadas, wadda tsohon garinta ya shiga jerin UNESCO a 2013, ana kai baƙi gidan wani attajiri, Sidi Ka, su ga adon bangonsa, kuma garin bai rasa mutuncinsa ba saboda haka.

Zagayen da nake hange a Kano gajere ne, safiya guda ta isa. A faro daga kasuwar Kurmi, a bi unguwannin da Larabawan Gadamus suka zauna, a shiga Koki da Sarari, a fita ta Ƙofar Mazugal inda aka taɓa tayar da dalar gyaɗa, kowace mai buhu kamar 15,000, kafin fari na 1973 da cutar gyaɗa ta 1975 su kawo ƙarshen zamanin. A ƙare a Kantin Kwari, inda Kwarori suka yi kantuna da gidajen zama. Ɗan jagora kada ya zama maroƙi. In zai faɗi raƙuma 20 na azurfa, to ya faɗi manomin da aka ba bashi tun shuka, da leburan da suka hau dala da buhu a ka, da bayin da suka yi noma a rinjin attajiran ƙarni na sha tara. Ko a Newport daga baya sai da suka ƙara zagaye na musamman a ɗakunan barori. Mu namu ya fi sauƙi, tunda sunan gidan da ya fi kowanne arziki sunan baiwa ne.

Kafin a kai ga wannan akwai aikin da ba ya bukatar izinin kowace hukuma. Z. R. Dmochowski ya auna gine-ginen gargajiya ɗaya bayan ɗaya, aka buga aikinsa a 1990. Hamman Tukur Sa'ad ya zauna da magina ya rubuta fasaharsu a 1981. Sassan Hausa da na tarihi da na zanen gini za su iya raba unguwanni tsakanin ɗalibai, kowa ya auna zaure guda, ya ɗauki hoto, ya zauna da dattijon gidan ya rubuta sunan kowane sashe da bakin mai shi, da sunan maginin, da irin hajar da aka tara a sito.

Na gwada wannan a wani lungu cikin birnin Kano, a gidan wani tsohon mai sayen gyaɗa. Cikin gida an rushe an yi bene, zauren kaɗai ya rage, an ba wani yaro haya yana cajin waya. Jikan mai gidan, dattijo ne da ya haura saba'in, ya ɗauki sandarsa ya nuna mini wani ƙarfe da ke lanƙwashe a jikin azara, ya ce nan ake rataye sikeli. Ya lissafa mini bakan rufin, guda 4, ya faɗi sunan maginin da garinsu. Na tambaye shi ko akwai wanda ya taɓa rubuta wannan. Ya ce ni ne na farko da ya tambaya, kuma magada sun riga sun yi magana da mai bulo, bayan damina za a sa hannu.